Muryar Burgi Lexer

Ranar wata Talata da hantsi Burgi Lexer ta tura ƙofar gidan shan kofin da ta yi shekara arba'in tana kauce wa layinsa. Ba ta tsaya dube-dube ba, ta san inda za ta same shi. A garin nan namu na Vienna tsoho yana iya sake mata, yana iya sake jam'iyya, amma ba ya sake teburin da yake shan kofi. Ga shi kuwa can a lungun taga: Farfesa Ottokar Zelenka, shekara tamanin da uku, gashi fari fat an taje shi baya, ya riƙe jarida nesa da fuskarsa don kada a ce ya kai shekarun sa tabarau.

Farfesan ma ba na jami'a ba ne. Gwamnati ce ta rataya masa shi saboda muryarsa, don a zamaninsa babu gidan da ba a san muryar Zelenka ba. Ya yi jarumi, ya yi darakta, kuma duk Kirsimeti shi ke karanta baitoci a rediyo tsofaffi mata suna share hawaye. Yanzu shekara goma sha biyu ke nan ba wanda ya kira shi aiki, sai dai mai kawo kofi da yake ce masa "Farfesa" sau uku kafin ya ajiye kofi ɗaya.

Da ya gan ta ya miƙe da ƙyar, ya kama hannunta ya sumbata.

"Wa nake gani haka? 'Yar dutsen nan tawa! An ce yanzu ke ce mai ba da umarni. To, duniya ta zo ƙarshe."

"Ranka ya daɗe, Farfesa. Aiki na kawo maka."

"Na'am?"

Ta matso kusa da kunnensa ta maimaita. Ta ga yadda ya ajiye jaridar nan take, sai ta ji wani daɗi ya ratsa ta har ƙafa. Ta gaya masa labarin fim ɗin: wani tsohon makiyayi ne a kan dutse, matarsa ta mutu, 'ya'yansa suna so su sauko da shi birni, shi kuwa ya ƙi, yana zaune yana hira da marigayiyar. Kusan duk fim ɗin mutum ɗaya ne ke magana.

"Mutum ɗaya," in ji shi, yana lumshe ido. "Ai dole ki zo wurina. Yaran yanzu ba su da murya, sai ka ce sauro a cikin kwalba."

Ta ajiye masa takardar yarjejeniya. Ya sa hannu bai karanta ba, don karantawa sai da tabarau. Da ya karanta, da ya ga sharaɗi na goma sha huɗu, kuma da ya gane shi, don shi ya fara koya mata shi.

Burgi 'yar kwarin Lesach ce, can kudu inda gonaki ke rataye a jikin dutse. Tana da shekara goma sha tara Zelenka ya zo yankin neman wurin ɗaukar fim, ya gan ta tana ɗauke da bokitin madara, ya ce ya samu jarumarsa. Wata uku ta yi a gaban kyamara tana faɗin abin da aka rubuta mata da bakin da Allah ya ba ta, maganar kwari mai kauri, wadda mutumin Vienna yake ji ya yi murmushi a gefen baki. Kullum Zelenka yana cewa, "Madalla, yarinya, haka nake so."

Ranar da za a fara nuna fim ɗin a Vienna, mahaifiyarta ta zo. Matar ba ta taɓa wuce garin kasuwarsu ba, amma ta yi awa tara a jirgin ƙasa, yayan Burgi, Hias, yana riƙe da hannunta, don a lokacin idonta ya riga ya tafi, haske da duhu kawai take bambancewa. Kunnenta kuwa ba a magana. Ta san kowace saniya da ƙarar ƙararrawarta, ta san kowane ɗa nata da takunsa a kan matakala. Ta sa rigarta ta zuwa coci, ta ƙullo burodi da cuku a tsumma, ta gaya wa duk ƙauyen cewa za ta je ta ji 'yarta.

Aka kashe fitilu. Fuskar Burgi ta cika allo, bakinta ya buɗe, sai muryar wata mata ta fito, siririya, mai santsi, Jamusancin arewa tsantsa. Ba wanda ya gaya wa Burgi za a sauya mata murya.

Bayan minti goma uwar ta taɓa gwiwarta.

"Burgele, yaushe za ki fito?"

"Mama, ai ni ce nake magana."

Tsohuwar ta karkata kai ta saurara sosai. "Wannan ba 'yata ba ce."

Ta zauna awa ɗaya da rabi hannuwanta a kan ƙullin burodin, tana jiran muryar da ba ta zo ba. Da aka kunna fitilu mutane suna ta tafi, sai ta ce a hankali, "In ba su sa ki ba, da kin gaya mini. Ba abin kunya ba ne." Hias ya yi ta yi mata bayani, cewa fuskar ta Burgi ce, murya aka ɗora mata. Bayanin ya fi rashinsa muni. Tsohuwar ta gyaɗa kai ta ce, "To, na gane. Kunyar bakinmu take ji."

Burgi ta kutsa cikin taron ta samu Zelenka yana karɓar gaisuwa, kusa da shi wata doguwar mata 'yar Hamburg mai suna Hermine, wadda ita ce mai muryar, wadda kuma ya aura bayan shekara guda.

"Ina muryata?"

Ya ja kumatunta kamar na jaririya. "Yarinya, fuskarki muke so. Waccan muryar ta kiran shanu ce, ki bar wa shanu. Duba sharaɗi na goma sha huɗu, kin sa hannu mu ɗora muryar da muka ga dama." Mutanen da ke wurin suka yi dariya.

Uwar ta rasu da bazara ta gaba, ba ta sake tayar da maganar ba, Burgi kuma ba ta samu bakin gyarawa ba. Abin da ta yi shi ne ta nemi malamar koyon furuci, ta yi shekara uku da toshiyar kwalba a tsakanin haƙora tana kankare kwarin Lesach daga harshenta har ya fita tas. Ta yi suna. Ta fito a fim sama da hamsin, ta koma bayan kyamara ta shirya guda shida nata na kanta, ta karɓi lambobin yabo da muryar da ko 'yar fadar sarki sai haka. Ko Hias in ta kira a waya da wannan bakin take yi masa magana, shi kuma ya daina tsokanarta a kai. Duk tsawon shekarun nan in ta haɗu da Zelenka a wajen biki tana miƙa masa hannu ya sumbata. Wanda ya yi jifa yana mantawa, mai tabo a goshi ne ba ya mantawa.

Aka fara shirin hawa dutse don ɗaukar fim. Abu na farko da ta nema a wurinsa shi ne ya tara gemu, cikakke, da gashin baki mai rufe leɓe.

"Zai fito da kwarjininka, Farfesa."

Ya yi mako shida yana shafa shi a gaban madubi. Ta riƙa ɗaukarsa daga baya yana kallon kwari, daga nesa yana hawan gangara, daga gefe hayaƙin murhu ya rufe rabin fuskarsa. In ta matso da kyamara kusa, to idanunsa take ɗauka. Mai ɗaukar hoto ya yi zaton sabon salo ne, har yana yabawa. Ba wanda ya lura cewa a fim ɗin da mutum ɗaya ke magana daga farko har ƙarshe, da wuya a ga bakin mutumin.

Shi kuwa Zelenka ya saki murya. Yana tsaye a cikin garke, kashin shanu har idon sawu, yana yi wa matacciyar matarsa magana kamar yana kan dandamali gaban mutum dubu, kowace kalma an goge ta tana ƙyalli. Akwai 'yar na'urar ji da yake saƙalawa a kunne don ya ji umarni, amma da an ce za a ɗauka sai ya zare ya miƙa wa Hermine ta jefa a jaka. In an tashi daga aiki kuwa, bai yarda ko direba ya gan shi da ita ba.

"Yaya, yarinya?"

"Madalla, Farfesa. Haka nake so."

Gaskiya ita ce tsohon ya yi aiki. Da sanyin safiya yake fitowa, gwiwoyinsa suna ƙara, bai taɓa yin ƙorafi ba. Ranar ƙarshe ya kama hannunta da nasa biyu ya ce ta dawo masa da rai. Ta dube shi ta nemi tausayi a cikin zuciyarta, tsakani da Allah ta nema, ba ta samu ko ƙwaya ba.

Da aka gama, ta ɗauki Irmgard, mai haɗa mata sauti shekara ashirin, suka loda kaya a mota sai gidan Hias. Yana nan a gonar ubansu, shekara sittin da shida, shanu tara, hannuwa kamar itacen wuta. Suka kafa allo da makirufo a ɗakin girki, suka rataya barguna a bango.

Hias ya kalli fuskar da ke allon ya daɗe.

"Wannan ba shi ne mutumin nan ba?"

"Shi ne, Yaya."

"Me kike so in yi da shi?"

"Ka ba shi baki."

Ya tura hularsa baya ya sosa kai. "Ni ban iya wasa ba, Burgele. Ko a coci in aka ce in yi karatu gumi nake yi."

"Ba wasa za ka yi ba. Ka yi wa Resi magana kawai."

Resi matarsa ce, shekara huɗu da rasuwa. Hias ya cire hular ya ajiye. Can ya ce, "Ni na mayar da Mama gida ranar nan. Awa tara ba ta ce uffan ba. Burodin ma da shi ta koma." Ya jawo kujera ya zauna gaban makirufo. "Kunna."

Kwana goma sha ɗaya suka yi, tsakanin tatsar safe da ta yamma. Ya watsar da rabin abin da ta rubuta, ya ce ba mai hankalin da zai yi wa matarsa magana haka. Ya faɗi nasa. Muryarsa tana kakkaryewa, tana shaƙewa, wani wuri sai ya yi tari ya ci gaba. A rana ta uku Irmgard ta cire abin sauraro daga kunnenta ta fita waje ta tsaya a bakin garke. Burgi ta bi ta.

"Burgi, wannan kisan kai ne. Mutumin nan muryarsa kaɗai ta rage masa."

"Rama cuta ga macuci ibada ne."

"Ke da Allah. Shekara tamanin da uku fa."

"Mamata hamsin da takwas gare ta. Ki gaya mini gaskiya, wanne ya fi, nasa ko na Hias?"

Irmgard ta share hanci. "Na yayanki. Nesa ba kusa ba. Abin da ya fi ba ni haushi ke nan."

Aka sa ranar fara nunawa wata Lahadi da ƙarfe goma sha ɗaya na safe, a tsohon gidan siliman nan mai jajayen kujeru, wanda a cikinsa aka nuna wancan fim ɗin. Burgi ce ta zaɓa. Duk wanda ake ji da shi a harkar ya zo, da waɗanda suka yi dariya a wancan karon, iya waɗanda ba su mutu ba. Zelenka ya iso da baƙar kwat da lambobinsa a ƙirji, ya aske gemun, yana ɗaga wa mutane hannu. Ta zaunar da shi a damanta, Hermine a damansa. Hias yana layin bayansu cikin rigarsa ta ulu mai maɓallan ƙaho, ba wanda ya san ko wane ne.

Aka kashe fitilu. Dutse ya fito, sai garke, sai bayan wani tsoho yana tatsa. Sai muryar Hias ta cika zauren: "Resi, baƙar saniyar nan ta ƙi cin abinci tun da kika tafi."

Burgi ba ta kalli allo ba, fuskar Zelenka take kallo. Shekara arba'in ta yi tana jiran wannan fuskar ta rushe.

Murmushi yake yi.

Ta jira. Minti biyar, minti goma. Zauren ya yi tsit, irin shirun da darakta yake roƙon Allah ya ba shi, wata mata a gaba har ta fara neman hankici. Zelenka kuwa yana gyaɗa kai, leɓunansa suna motsi, yana bin kalmomin da ya haddace. Ya juyo ya dafa hannun Burgi, ya ce da ƙarfi irin na wanda ba ya jin kansa, "Kin ji su? Ko tari babu. Muryar tana nan, yarinya!"

Sai a lokacin ta duba kunnensa. Babu komai a ciki. Ta shirya gemu, ta shirya hayaƙi, ta shirya sharaɗi na goma sha huɗu, ta manta da abu ɗaya da kowa a Vienna ya sani: Ottokar Zelenka zai gwammace ya shiga taro ba wando da ya shiga da na'ura a kunne. Gurnanin muryar namiji kawai yake ji daga nesa, ya cike sauran da abin da ke kansa.

Baƙin ciki ya kama ta. Za a gama, a yi tafi, 'yan garin nan kuwa da ladabinsu na munafunci ba mai gaya masa. Za su sumbaci juna su ce, "Farfesa, abin ba a magana." Zai koma teburinsa ya mutu yana jin shi ne. Ta kalli hannunsa a kan nata, fata duk tabon tsufa. A karon farko wani abu ya ɗan motsa a ƙirjinta. Ta ce a ranta, ko in bar shi? Fim ɗin ya yi kyau. Hias ya yi magana, Vienna ta yi shiru tana saurare. Wannan bai isa ba?

Sai Hermine ta sunkuyo ta gaban mijinta. Tun kalmar farko ta gane, ta ƙanƙame jakarta a cinya da hannu biyu.

"Don Allah, Burgi," ta ce cikin raɗa. "Ki bar shi haka. Na roƙe ki."

Da wani ne ya faɗa, wataƙila da ta bari. Amma muryar ce. Ta tsufa, ta ɗan dushe, amma ita ce dai, siririya mai santsi, wadda ta fito daga bakin Burgi a wannan zauren, wadda makauniya ta karkata kai ta saurara ta ce ba 'yarta ba ce. Abin da ya motsa a ƙirjin Burgi ya koma ya kwanta.

Ta kai bakinta daidai kunnen tsohon.

"Farfesa, duhu ne, ba mai ganinka. Saka abin nan ka ji kanka da kyau. Ba ka taɓa yin irin wannan ba."

Idanunsa suka yi haske. Ya miƙa wa matarsa hannu. Hermine ta girgiza kai.

"Ba ni mana, mace!"

"Otto, bari sai mun je gida."

"Fim ɗina ne ko naki? Ba ni!"

Wani a baya ya ce a yi shiru. Hermine ta buɗe jakar. Shi da kansa ya karɓa, shi da kansa ya saƙala, ya murɗa, ya gyara zama kamar mai jiran a zuba masa miya.

A allon, idanunsa ne suka cika ko'ina, jajaye, hayaƙi yana wucewa. Muryar Hias tana cewa, "Na ajiye miki gefenki na gado yadda kika bar shi. Ni dai ban iya kwana a tsakiya ba." Sai tari, sai shiru.

Murmushin bai tafi lokaci ɗaya ba. A hankali ya zube, gefe ɗaya tukuna. Ya taɓa na'urar, ya ƙara murɗawa, ya waiga hagu da dama ko wani ne ke magana a zauren. Ya ga mutane ɗari huɗu sun kafe allo da ido, wasu suna kuka, ba a taɓa yi masa irin wannan kukan ba.

"Wane ne wannan?"

"Kai ne, ranka ya daɗe. Ba ga fuskarka nan ba?"

"Wannan... wannan ai makiyayi ne. Ina muryata?"

"Fuskarka muke so, Farfesa."

Ya dube ta. Ta ga yana lalube a cikin shekaru, ta ga lokacin da ya samo. Bakinsa ya buɗe, kuma a karon farko tun da Vienna ta san shi, ba abin da ya fito. Daɗin da ta ji ba ƙarami ba ne, kuma ba ta ji kunyarsa ba.

Ya kai hannu zai zare na'urar, yana ƙoƙarin tashi. Ta cafke wuyan hannunsa ta danne a kan hannun kujera. Hannun da ya yi shekara goma sha tara yana ɗaukar bokitin madara bai manta aikinsa ba.

"Zauna," ta ce. "Saura awa guda. Uwata ta zauna har ƙarshe, kai ma za ka zauna."

Sai da maganar ta fita ta ji yadda ta fita. Ba da bakin Vienna ta faɗe ta ba. Maganar kwari ce, mai kauri, ta kiran shanu, wadda ta yi zaton ta kankare tun tana da shekara ashirin da biyu. Ta fito cikakkiya, a zauren da aka yi awa ɗaya da rabi ana jiran ta, ta faɗa kunnen wanda ba shi ya yi tafiyar awa tara don ya ji ta ba.

Daga layin baya wani hannu mai kaushi ya sauka a kafaɗarta.

"Burgele," in ji Hias a hankali. "Ashe kina nan."

Hawaye suka zubo mata, ba ta share ba, don hannu ɗaya yana kan na yayanta, ɗayan kuma yana riƙe da Farfesa. Ba ta sake shi ba sai da aka kunna fitilu.